Yadda Fataucin Ɓawon Kwinin Ya Buɗe Ilimin Laiken

A jikin itatuwan dazuzzukan Kudancin Amurka akwai wasu tabo fari-fari ko toka-toka da ke manne wa ɓawo, wasunsu ɗauke da siraran baƙaƙen zane masu lanƙwasa kamar an ja su da alƙalami. Masana na kiran waɗannan halittu laiken, masu zanen kuwa suna cikin dangin Graphidaceae. Da yawa daga cikinsu a kantin magani na Turai aka fara raɗa musu suna, kuma fatauci ne ya kai su can. Tun ƙarni na 17 aka riƙa ɓare ɓawon itacen sinkona a tsaunukan Andes, musamman yankin Loja na Ekwado ta yau, ana loda shi a jiragen ruwa zuwa Sifaniya don maganin zazzaɓin cizon sauro. Ɓawon kan iso da laiken ɗinsa a jiki. Da yake algus ya yi yawa a harkar, masu haɗa magani sukan duba tabon don su gane irin ɓawon da aka kawo musu.

A 1820 masana biyu, Pelletier da Caventou, suka tace kwinin daga ɓawon a birnin Paris. Shekara huɗu bayan haka Antoine Fée, Bafaranshe mai haɗa magani, ya fara fitar da littafinsa kan ƙananan tsiran da ke jikin ɓawon magani na ƙasashen waje, ya kuma ƙara masa wani kashi a 1837. Ya ɗora ne a kan tsarin rarrabe laiken na Erik Acharius na Suwidin, almajirin Linnaeus. Rukunonin da Fée ya kafa, irin su Fissurina da Sarcographa, har yau ana amfani da su.

Wani zai ce ilimin da aka gina a kan busasshen guntun ɓawo, wanda ba a san takamaiman dajin da ya fito ba, bai da tushe. Zai ƙara da cewa Fée ya ɗauki laiken a matsayin tsiro guda, alhali a 1867 Simon Schwendener ya bayyana cewa zaman tare ne tsakanin fumfuna da gansakuka: ita gansakukar ke haɗa abinci da hasken rana, fumfunar kuma ta ba ta mafaka. Maganar rashin sanin wuri gaskiya ce, kuma tana wahalar da mai neman nau'in da ba safai ake gani ba. Sai dai rarrabewar waɗannan laiken ta dogara ne a kan fumfunar, wato siffar zanen nan da ƙwayoyin irin da ke cikinsa, kuma bushewa ba ta ɓata su. Shi ya sa abin da Fée ya siffanta ya tsaya. Binciken ƙwayoyin gado na zamanin nan ya sauya wa nau'o'i da dama rukuni, amma ƙa'idar raɗa suna ta fifita wanda ya riga, don haka mai shirin sanar da sabon nau'i daga dajin Amazon dole ya fara gwada shi da waɗancan tsofaffin samfura.