Alƙawarin shekara biyu: yadda aka kwashi Inuit zuwa ƙuryar arewa

A lokacin zafin shekarar 1953, jirgin ruwan gwamnatin Kanada mai suna C.D. Howe ya tsaya a gaɓar Inukjuak, wani ƙauye na al'ummar Inuit da ke bakin tekun Hudson a arewacin lardin Kebek. Ya ɗebi wasu iyalai da karnukansu da tantunansu da 'yan komatsansu, ya nufi arewa da su. Tafiyar ta kai kusan kilomita 2,000. A 1955 aka sake kwasar wani rukuni, jimillar waɗanda aka ɗauke ta kai kimanin mutum 90. Har da iyali uku daga Pond Inlet, waɗanda aka haɗa da tawagar farko domin su koya wa baƙin dabarun zama a ƙasar da ba su sani ba.

Ɗan sandan da ya bi tanti-tanti yana neman masu tafiya, Ross Gibson, ya isar da saƙon hukuma ne: can akwai namun farauta birjik, za ku zauna tare, kuma duk wanda wurin bai yi masa ba, bayan shekara biyu za a maido shi gida. A takardun gwamnati an rubuta cewa mutanen da kansu suka yarda. Sai dai ya kamata mu duba irin wannan yarda. A wancan zamani Ba'inuit ba ya ja da ɗan sanda. Shi ne mai raba tallafi, shi ne mai rajistar haihuwa da mutuwa, kuma hukumar da yake wakilta ita ce ta rataya wa kowane Ba'inuit wani ɗan faifai mai lamba a wuya, saboda jami'ai sun kasa riƙe sunayensu. Mutumin da ke hannunka haka, in ya ce maka to, ba ka da hujjar cewa ya yarda.

Alƙawarin farko tun a cikin jirgi aka karya shi. Sai da aka isa arewa sannan aka gaya musu za a raba su, wasu a sauke su a Craig Harbour da ke tsibirin Ellesmere, wasu a wuce da su Resolute a tsibirin Cornwallis. Waɗanda suka ga abin da idonsu sun ba da labarin yadda mata suka ɓarke da kuka, karnuka suka kama haushi, ana sauke ɗan'uwa ana wucewa da ɗan'uwa.

Ƙasar da suka baro mai sanyi ce, amma sun san ta ciki da bai. Akwai kifi a koguna, akwai tsuntsaye da ƙwai, akwai 'ya'yan itatuwan ƙasa da ƙirare, kuma ko a tsakiyar hunturu rana tana leƙowa. Inda aka ajiye su kuwa tsakuwa ce da duwatsu. Daga ƙarshen Oktoba rana ta faɗi ba ta sake fitowa ba sai wajen tsakiyar Fabrairu, ga sanyi da ke sauka ƙasa da digiri 30 a ƙarƙashin sifili. Dusar ƙanƙarar da ta dace da gina ɗakin hunturu ma ba ta samu da wuri ba, dole suka shiga wannan duhu a cikin tanti. Ruwan sha sai an je an faso ƙanƙara an narkar. Maza suna fita farautar sil, dabbar tekun da ake jira a bakin ramin da take shan iska, cikin duhun da ba su taɓa farauta a cikinsa ba. Namun da aka kwaɗaita musu suna nan, amma doka ta hana taɓa ɓaunan ƙanƙara, an kuma ƙayyade adadin karibu, wani naman daji mai kama da barewa, da za a kashe, alhali da fatarsa ake ɗinka tufafin da ke tsare rai. A Resolute, inda akwai sansanin sojin sama da tashar binciken yanayi, wasu sun kai ga tsintar abinci da katako a jujin sansanin.

Akwai wata wahala da ba kasafai ake ambatonta ba. Samari da 'yan mata sun tashi a ƙauyen da kusan kowa ɗan'uwansu ne na jini, babu wanda za su aura. Da shekara biyu ta cika, iyaye suka nemi a cika alƙawari, sai aka riƙa ce musu su dakata, ko kuma su kira danginsu su zo su same su.

Me ya sa gwamnati ta yi haka? Ita dai ta ce Inukjuak ta cika da mutane, farashin fatar farin dila ya faɗi, jama'a sun dogara da tallafi, gara a kai su inda za su ci da kansu. Waɗanda aka kwasa suna da wata amsa: lokacin Yaƙin Cacar Baka ne, Amurka na da ƙafa a tsibiran arewa, mafarautan Girinland na tsallakowa, Kanada kuma tana son shaidar cewa ƙasar tata ce, don haka ta kafa mutane a matsayin tuta. Masana tarihi har yau suna gardama kan wanne dalili ya fi nauyi. A ganina gardamar ba ta wanke kowa. Ko da niyyar alheri ce zalla, an yi wa mutane alƙawari ƙarara an saɓa, aka bar su da yara ƙanana a bakin teku ba tare da isasshen tanadi ba.

Cikin waɗanda aka kai a 1955 akwai Josephie Flaherty, ɗan Robert Flaherty, Ba'amurken da ya ɗauki fim ɗin Nanook of the North a yankin Inukjuak aka fitar a 1922. Duniya ta kalli fim ɗin tana sha'awar juriyar Inuit, ɗan mai fim ɗin kuwa ya ƙare a Grise Fiord, inda daga baya aka mayar da waɗanda aka sauke a Craig Harbour. Larry Audlaluk bai cika shekara uku ba aka tafi da shi, mahaifinsa ya rasu cikin shekarar farko, shi kuma ya girma ya rubuta tarihin abin da ya gani. John Amagoalik yana ɗan shekara biyar aka sauke shi a Resolute. Wannan yaro ne ya zama jigo a fafutukar da ta kai ga yarjejeniyar filaye ta 1993 da kafa yankin Nunavut ranar 1 ga Afrilu, 1999, har ake masa laƙabi da uban Nunavut.

Hakkinsu kuwa a hankali ya riƙa fitowa, kamar ana ciro shi da ƙarfi. A 1989 gwamnati ta biya kuɗin komawar mutum 40 zuwa kudu, sai hakan ya sake raba iyalai, domin 'ya'yan da aka haifa a arewa ba su san wani gida ba. A 1993 dattawa suka ba da shaida gaban Hukumar Bincike kan Al'amuran 'Yan Asalin Ƙasa, rahotonta na 1994 ya ce a nemi gafararsu kuma a biya diyya. A 1996 aka ware dalar Kanada miliyan 10 a wani asusu, ba tare da neman gafara ba, har da sharaɗin su amince cewa jami'an wancan lokaci da kyakkyawar niyya suka yi aikin. Wannan sharaɗi ya ci wa mutane rai ƙwarai.

Sai ranar 18 ga Agusta, 2010, minista John Duncan ya je Inukjuak ya nemi gafara da sunan gwamnati, ya amsa cewa an raba iyalai, ba a yi tanadin matsuguni da kayan masarufi ba, kuma ba a cika alƙawarin maido su ba. Shekara 57 ke nan da tashin jirgin farko, yawancin iyayen da aka yi wa alƙawarin sun riga mu gidan gaskiya. A watan Satumba na shekarar aka buɗe sassaƙen tunawa guda biyu, na Looty Pijamini a Grise Fiord da na Simeonie Amagoalik a Resolute. Ƙauyukan biyu suna nan da mutanensu, kowanne bai wuce mutum 200 ba ko kusa da haka, kuma Grise Fiord ita ce mazaunin farar hula mafi nisa a arewacin Kanada, inda jirgin ruwan kaya ke zuwa sau ɗaya a shekara, sauran abinci sai ta jirgin sama da ɗan karen tsada.