Imani da Juriyar Nana Asma'u: Daga Hijira zuwa Kafa 'Yan Taru

Gabatarwa

Sau da yawa idan ana nazarin jihadin Shehu Usmanu ɗan Fodiyo, akan tsaya ga ƙidayar yaƙe-yaƙe da masu tuta, a bar mata a baya. Manufar wannan takarda ita ce ta nuna cewa wahalar da Nana Asma'u ta sha tun ƙuruciya ita ce tushen hidimar da ta yi wa mata daga baya.

Shekarun Jarrabawa

An haifi Asma'u a Ɗegel a 1793. Mahaifiyarta Maimuna ta rasu tun tana ƙarama. Tana da kimanin shekara 11 aka yi hijira zuwa Gudu a 1804. Ta bi jama'a cikin yunwa da ciwo da rashin matsuguni, ta kuma ga matan da aka mayar zawarawa bayan yaƙin Tsuntsuwa, inda mahardata Alƙur'ani da yawa suka yi shahada. Duk wannan bai raba ta da allo da alƙalami ba.

Bayan Gawakuke

A 1836 Sarkin Musulmi Muhammadu Bello ya ci nasara kan Gobirawa da Katsinawan Maraɗi a Gawakuke. Mata da yawa suka shigo daula a matsayin kamammu. Hausa suke ji, kuma da bori suka saba. Asma'u, wadda ta san ɗacin rabuwa da gida, ba ta ɗauke su abokan gāba ba. Sai ta himmatu ga tsara waƙoƙin addini da Hausa, ban da Fillanci da Larabci. Ta zaɓi dattijai mata ta naɗa su jajis, wato jagorori, ta ɗora musu malfa, wadda a da alamar Innar Gobir ce, shugabar 'yan bori. Su kan zo Sakkwato su hardace karatu, su koma ƙauyuka su koyar. Waɗannan su ne 'Yan Taru.

Kammalawa

Asma'u ta rasu a 1864, aka rufe ta a Hubbare kusa da mahaifinta, 'yar'uwarta Maryam ta ci gaba da aikin. Abin lura ga mu malamai shi ne, takobi ya ci ƙasa, amma haƙurin mace da iliminta ne suka shiga zukatan iyaye mata. Allah ya jiƙanta.