Takardar neman canjin wurin aiki daga Batsari da Safana

Jama'a, tun jiya nake ganin ana caccakar malaman makaranta da ma'aikatan lafiya da ke neman a ɗauke su daga Batsari da Safana, wai sun gudu sun bar talakawa. Ku ɗan dakata mu waiwaya baya.

Tun zamanin En'e, malamin asibiti ko malamin gona ko malamin daji ba ya zaɓen inda zai zauna. Inda aka tura shi nan ne gida, ya kwashi iyalinsa da 'yan komatsansa a bayan a-kori-kura ya tafi. Dattawanmu kan ce a lokacin turawa ƙauye wani sa'in horo ne ga wanda ya saɓa wa na sama. Da aka zo da UPE a 1976, makarantu suka yawaita, aka riƙa watsa matasan malamai lungu-lungu. Kukansu a lokacin rashin hanya ne da rashin ruwa. Babu mai tsoron kwana a Ruma ko Runka. Dajin Rugu kuwa wurin kiwo ne da farauta da itace.

Ko da Babangida ya cire Katsina daga Kaduna a Satumbar 1987, dalilan neman canji ba su wuce na kullum ba: mahaifiya ta tsufa, miji yana aiki a birni, yaro ba shi da lafiya.

Abin ya juya ne da satar shanu ta rikiɗe ta koma satar mutane. Gwamnatin Masari ta yi sulhu a 2019, bai ɗore ba. A Fabrairun 2020 aka kashe mutum 30 a Tsauwa da Dankar, cikin Batsari. Disambar shekarar aka kwashe ɗalibai sama da 300 a makarantar kimiyya ta Ƙanƙara, nan maƙwabta. A Satumbar 2021 aka katse layukan waya a ƙananan hukumomi 13, har da waɗannan biyun. To ka ce malamar da ta bar 'ya'yanta a Katsina, ba ta iya ko kiran gida ta ji yadda suka kwana, me za ta rubuta wa ofis?

Wani abokina malamin firamare sau uku yana kai takarda. A cikinta ya ce mahaifiyarsa ce ba ta da lafiya. Gaskiya ne, hawan jini ya kama ta tun ranar da aka sayar da gonarsu aka biya kuɗin fansar ƙaninsa. Bai rubuta tsoro ba, don ya san za a ce masa kowa ma tsoron yake ji. Abin da ke ci min tuwo a ƙwarya shi ne, wanda ya zo bayansa amma yana da uwa a gindin murhu, cikin sati biyu aka mayar da shi birni. Shi kuwa har gobe fayil ɗinsa na kan tebur.

Na san hujjar ɗaya ɓangaren, kuma mai ƙarfi ce. Duk malamin da aka ɗauke, aji ne aka rufe. Yaron Wagini ko Zakka bai yi laifin komai ba. Amma a ganina mafita ita ce a ƙayyade shekarun da mutum zai yi a irin wuraren nan, a ba shi alawus na musamman, sannan a fifita 'yan asalin yankin wajen ɗaukar sabbin ma'aikata.

Yanzu ga dakarun tsaron al'umma da Gwamna Dikko Raɗɗa ya ƙaddamar a Oktoban 2023, ga sulhun da aka ƙulla a yankunan a 2025. In makarantu sun dawo sosai, ina so SUBEB ta gaya mana wa za a fara turawa, waɗanda suka samu canji da alfarma ko waɗanda suka shekara biyar suna jiran amsa?