Mai Ɗaki Shi Ya San Inda Yake Yoyo: Taɓin Hankali a Tarihin Fim da Zane

Tun da aka fara finafinan bidiyo na Hausa a Kano a 1990, mun saba ganin mai taɓin hankali da kama ɗaya: tsumma a jiki, ƙura a ka, yara na bin sa da jifa, sai ranar da aka karya sihiri ya warke. To, amma tarihi yana da wani abin da zai koya mana.

Wajen 1925, a yankin Filinge na ƙasar Nijar, wani sabon bori ya ɓulla mai suna Hauka. Iskokinsa su ne gwamna da kwamanda da sojan Turawan mulki. Da Faransawa suka matsa wa mabiyansa, wasunsu suka tafi ci-rani birnin Akra na Gana ta yau. A can ne Bafaranshe Jean Rouch ya ɗauke su a fim ɗinsa Les Maîtres Fous na 1955. A ganinsa wannan hawan iska magani ne na ƙuncin mulkin mallaka. Ingilishi suka hana nuna fim ɗin, 'yan bokon Afirka kuma suka yi tir da shi. Abin lura, muryar Rouch ce ke bayani daga farko har ƙarshe.

Daga baya wani yaron aikinsa, Oumarou Ganda, Bazabarme da ya yi wa Faransa yaƙi a Indocina, ya riƙe kyamara da kansa. Fim ɗinsa Cabascabo, wanda aka nuna a bikin Cannes a 1969, labarin tsohon soja ne da ya dawo gida, kuɗinsa suka ƙare, abokai suka watse, filin daga kuma yana ta dawo masa a zuci. Wanda ya sha wuyar ne ya ba da labarin.

Haka ma ta fannin zane. A farkon shekarun 1950, Bajamushe Ulli Beier ya kai wa marasa lafiya na gidan Lantoro a Abekuta takarda da fenti, suka zana abin da ke ransu, aka kuma buga zanen a littafi a 1982.

Ya 'yan'uwa marubuta, a nan Gaya da Ajingi gidaje da yawa na ɓoye ɗansu saboda gori, ba a nufi asibitin Dawanau sai ciwo ya yi nisa. A 2023 aka sa hannu kan dokar lafiyar ƙwaƙwalwa da ta maye gurbin ta 1958, amma doka ba ta hana gori. Kafin mu rubuta mahaukaci a labari, mu zauna da wanda ya yi ciwon ya samu sauƙi, da yardarsa, mu saurara. In ya so, mu miƙa masa alƙalamin. Allah ya ba marasa lafiyarmu lafiya, amin.