Sin Biyu Da Kuɗin Mota

A lokeshan, wanda ya fi kowa sammako ba jarumi ba ne. Dattijuwar da za ta fito a uwarsa ce. Za ka tarar da ita zaune a kan tabarma, da zanin canji a leda, tana jira tun hantsi har la'asar. Idan lokacinta ya zo, darakta ya gaya mata abin da ake so a baki: ɗanki ya kawo yarinyar da ba ki so, ki hana. Shi ke nan. Sauran zancen daga cikinta yake fitowa, da habaici da karin magana, kuma da wuya a maimaita ɗauka. Na sha riƙe fitila a irin wannan wuri, na ga mai kyamara ya shagala da sauraro.

Ba a banza irin waɗannan dattawa suka iya ba. Yawancinsu 'yan dirama ne tun kafin a san kaset, zamanin su Samanja da Kasimu Yero a Kaduna, da Karkuzu a Jos. A can ɗan wasa hali guda yake ɗauka ya rayu da shi shekaru, har sunan wasan ya danne na yanka. Haka Ladin Cima ta zama Tambaya.

Da ƙungiyar Tumbin Giwa ta fitar da Turmin Danya a Kano a 1990, sai harkar ta fara komawa kasuwa. Bayan fim ɗin Sangaya kuwa, waƙa da rawa suka karɓe fage. A lokacin, dilan kaset a Ƙofar Wambai fasta yake kallo, fuskar saurayi da budurwa ke sayar da fim. Nan aka raba gari: masu fasta ana cinikinsu da fim sukutum, iyaye kuma a sallame su gwargwadon sin ɗin da suka yi. Kalmar ma ta isa shaida, sallama, kamar baƙon da ya zo wucewa.

Shi ya sa ban yi mamaki ba a 2022, lokacin da Ladin Cima ta shaida wa BBC Hausa cewa 'yan dubbai kaɗan ake ba ta a aiki. Gari ya ɗauka. Wasu daraktoci suka fito suka ce sun biya ta fiye da haka, kuma ban ƙaryata su ba. Amma musun ya tsaya a kan adadi, alhali ciwon yana cikin lissafin: uwa ba ta wuce sin biyu ko uku, komai shekarunta a sana'a.

Wasanni masu dogon zango sun ɗan sauya lamarin. Tun da Arewa24 ta kawo Daɗin Kowa, ɗan wasa ya sake samun hali guda da zai riƙe mako bayan mako, har yara a titi suka riƙa kiran Mato Yakubu da Malam Nata'ala, yadda iyayensu suka kira Ladi da Tambaya.