Sabunta manhajar tsofaffin dikodoji: abin da yake gyarawa da abin da ba ya iyawa

Kowace dikodar tauraron ɗan'adam tana ɗauke da wata manhaja da kamfani ya girka a cikin ƙwaƙwalwarta, wadda ake kira famwaya. Ita ce ke tayar da na'urar, ta nemo tashoshi, ta kuma karɓi umarnin rimot. Sabunta ta yakan magance daskarewar hoto, da mutuwar dikoda tana cikin aiki, da tsohon jerin mitocin da tashoshi suka daina amfani da su.

Dikodojin biyan kuɗi irin na DStv kan karɓi sabuntawa kai tsaye daga tauraron. Na kallon kyauta kuwa galibi sai an sauke fayil ɗin a filash mai tsarin FAT32, a soka a kafar USB. Waɗanda suka fi tsufa ba su da wannan kafa, sai an haɗa su da kwamfuta ta wayar RS-232.

Haɗarin yana cikin 'yan mintocin da ake rubuta fayil ɗin. Idan wuta ta ɗauke a lokacin, manhajar kan lalace, dikoda ta ƙi tashi, sai jar fitila kawai. A inda wutar lantarki ba ta da tabbas, gara a yi aikin da inbata. Haka ma fayil ɗin da bai dace ba: dikodoji biyu kan zo da suna ɗaya da kwali ɗaya, amma ƙwaƙwalwar ɗaya ta Ali ce, ɗayar ta Sunplus. Don haka ake duba lambar samfuri a shafin bayanan na'ura, a kuma kwafe jerin tashoshi, domin sabuntawa kan goge shi.

Akwai iyakar da manhaja ba ta ƙetarewa. Dikodar da aka ƙera kan tsarin DVB-S da MPEG-2 ba za ta kama tashoshin da suka koma DVB-S2, wanda aka amince da shi a 2005, ko MPEG-4 ba. Wannan matsalar kayan ciki ce, kuma duk mai gyaran da ya karɓi kuɗi a kanta bai faɗi gaskiya ba.

Fayilolin da ke yawo da alƙawarin buɗe tashoshin kuɗi kyauta ba daga kamfanonin suke fitowa ba, kuma Dokar Haƙƙin Mallaka ta 2022 ta haramta karya irin wannan kulle a Nijeriya.