Haƙƙi

Daga Larabci kalmar ta zo, daga "haƙƙ", wato gaskiya ko abin da ya wajaba a bai wa mutum. Hausa ta aro ta sau biyu. "Haƙƙi" ya shigo tsurarsa, "alhaki" kuwa ya taho da "al" ɗin Larabci manne a gaba, sai suka raba aiki: haƙƙi naka ne, alhaki kuma nauyin da ke hawa kan wanda ya danne maka shi.

Da dokokin wallafa suka zo, aka haɗa shi da "mallaka", ita ma 'yar Larabci, aka sami "haƙƙin mallaka". A kotu, wannan haƙƙi yana bin takarda. Misali, Solomon Linda, mawaƙin Zulu, ya naɗi waƙarsa "Mbube" a Johannesburg a 1939, kamfanin Gallo ya mallake ta da kuɗi ƙalilan. Waƙar ta rikiɗe a Amurka har ta shiga fim ɗin The Lion King na Disney, alhali Linda ya rasu matalauci tun 1962. Magadansa sun kai Disney ƙara a 2004, aka sasanta a 2006.